Kyamarar da Ba a Gani: Abin da Faransawa Suka Yi wa Dariya



Abin da za mu tattauna a kai yau wasa ne, amma ba na yara ba. A shekarar 1964 gidan talabijin na gwamnatin Faransa ya soma nuna wani shiri mai suna La Caméra invisible, watau kyamarar da ba a gani. Jacques Rouland da Pierre Bellemare suna cikin jagororinsa. Dabarar aro ce daga Amurka, inda Allen Funt ya fara ɓoye makirfo don shirin rediyo a 1947, kana ya koma talabijin a 1948.

Yadda ake yi shi ne a ɓoye kyamara, sannan ɗan wasa ya tare wani bawan Allah da ke cikin harkarsa, ya zo masa da buƙatar da ba ta da kai balle gindi. Gwanin wannan aiki shi ne Jacques Legras, mai gashin baki da fuskar dattako, sai ka rantse babban akawu ne.

To, a nan gizo ke saƙar. Mu a ganinmu, ba wautar Legras ce ke ba da dariya ba, biyayyar da ake yi masa ce. Mutum da hankalinsa zai ji maganar banza, ya ɗan yi jim, ya dubi shigar mai maganar, daga nan ya shiga ƙoƙarin cika umurni, don kada a ce shi ne bai gane ba. Alhali kuwa a ƙasar nan ce ɗalibai da miliyoyin ma'aikata suka girgiza gwamnatin Janar de Gaulle a watan Mayu na 1968, shirin kuma yana tashe. Ashe wanda ya iya yi wa hukuma tsaurin ido cikin taro, in aka ritsa shi shi kaɗai, kwat da ɗaure fuska sun isa su juya shi. Da yawanmu bayan tebur za mu zauna in mun gama karatu. Za mu ga irin wannan ladabi, kuma ba duka ne don mun faɗi daidai ba.

Saura haƙƙin wanda aka ɗauki hotonsa bai sani ba, ƙasa duka ta yi masa dariya. Sai a watan Yuli na 1970, shekara shida da fara shirin, Faransa ta rubuta a dokarta cewa kowa yana da haƙƙin a mutunta sirrin rayuwarsa.