Jawabi bisa girgizar ƙasa ta Hayiti

Tunda ƙungiya na shirin ginin sabon aji, mu malaman lakkol mun ga ya kamata mu ba ku labarin Hayiti, ƙasar baƙar fata da ke tsibiri can wajen Amurka.

Ran 12 ga watan Janairu 2010, da la'asar, ƙasa ta girgiza kimanin kilomita 25 daga babban birninsu Port-o-Prens. Bayan duniya ba dunƙule guda ba ne, manyan faya-fayan dutse ne masu gugar juna sannu sannu. In suka maƙale shekara da shekaru, ranar da suka kuɓuce sai komi ya rikice. Abin bai kai minti guda ba. Gwamnatin ƙasar ta ce mutum fiye da 200.000 sun rasu, wajen miliyan 1 da rabi sun rasa wurin kwana. Har fadar shugaban ƙasa ta rushe.

To, ku saurara da kyau. Ran 27 ga Fabrairu 2010, ƙasar Shili ta ga girgiza mai awon 8,8, alhali ta Hayiti 7 ce. Mutanen da suka mutu a Shili ba su kai 600 ba. Ajali na hannun Allah, amma Shili na da dokar gini kuma ana bin ta. A Hayiti talaka ya bar ƙauye ya zo birni, ya yi ɗaki bisa gangaren tudu, rairayi da yawa, siminti kaɗan, ƙarfe siriri, sannan ya aza rufin siminti mai nauyi. Wannan rufin ne ya danne mutane, har da yara cikin aji. Talaucin ma yana da tushe: a 1825 Faransa ta aza musu biyan faran miliyan 150 ladan ƴancin kansu.

Wahala ba ta tsaya nan ba. A watan Oktoba 2010 ciwon zawo da amai ya ɓulla daga sansanin sojojin Majalisar Ɗinkin Duniya, ya bi ruwan kogin Artibonit, ya kashe wajen mutum 10.000. Sai a 2016 Majalisar ta nemi gafara.

Mu nan ruwan damina ne ke kayar mana da gini. Saboda haka muna roƙon kwamitin aiki ya ƙidaya buhunan siminti a gaban jama'a, kuma dattijo biyu su tsaya kan magini ranar kwaɓi.