Kafin Ku Garzaya CAC

Tambayar da ta fi yawa a wannan makon ita ce: yaya ake kafa ƙungiya?

To, ni ɗan ƙauye ne daga yankin Dambatta, inda gona ke manne da gona. Mu da muka fara, ko takarda ɗaya ba mu da ita. Famfon tuƙa-tuƙan garinmu ne ya lalace, yara na fashin makaranta saboda ɗibar ruwa. Muka sami mai unguwa, ya kai mu gaban dagaci, bayan girbi kowane gida ya ba da kwanon gero, aka sayar aka gyara. Daga nan mutane suka yarda da mu.

Rajista daga baya ta zo: ƙaramar hukuma tukuna, sannan CAC ƙarƙashin dokar CAMA ta 2020. Ku zaɓi suna, ku rubuta kundin tsarin ƙungiya, ku naɗa amintattu, a buga sanarwa a jaridu biyu, a jira kwana 28 ko wani zai yi ƙorafi. Sai takardar SCUML ta EFCC, banki zai nema.

Amintattun nan fa, a yi hattara. Mu don kara muka sa wani babba mazaunin Abuja. Wallahi wata uku muna bin sa hannunsa, kuɗin taki na kwance a banki har damina ta yi nisa. Cire shi kuwa, sai da muka sake biyan jarida.