Jawabin Buɗe Baje Kolin Fasahar Bidiyo na Ɗalibai

 

Abin da za mu gani a wannan zaure ya sha bamban da fim ɗin da muka saba kallo, mai jarumi da labari. Don haka ku ba ni dama in taɓo asalin sana'ar.

A 1963, a garin Wuppertal na Jamus, Nam June Paik, ɗan Koriya wanda kiɗa ya karanta, ya jera akwatunan talabijin sama da 10. Ya buɗe cikinsu ya sassauya wayoyi, hotunan suka jirkice; hoton wani akwatin kuma siririn layi guda ne kawai. A 1965 ya ɗora ƙaton maganaɗisu a kan akwati. Ƙarfinsa ya karkatar da kwararar lantarkin da ke zana hoto a gilashi, da an motsa ƙarfen sai zanen ya murɗe.

Aikinsa da ya fi kama mini zuciya shi ne na 1971, tare da makaɗiya Charlotte Moorman. Ya ɗora talabijin 3, wani kan wani, ya ɗaura musu tsirkiya, suka zama kamar ƙaton goge. Tana gogawa, kyamara na ɗaukarta, hotonta na fitowa a jikin abin da take kaɗawa. Sai da jikin mutum da numfashinsa aikin ya cika, kuma wannan ne nake so ɗalibanmu su riƙe. Daga baya, ranar 1 ga Janairun 1984, Paik ya haɗa masu wasa a New York da Paris kai tsaye ta tauraron ɗan'adam.

Ya ku ɗalibai, kyamarar wayar da ke aljihunku ta fi wadda Paik ya fara da ita nesa ba kusa ba. Kada ku zauna jiran kayan aiki masu tsada. Ku san na'urarku ciki da bai, ku tsaya gabanta da jikinku da muryarku, ku sa ta yi abin da masu ƙera ta ba su taɓa zato ba.

Iyaye, ina roƙonku ku zaga a hankali, ku tambayi yaran nan yadda suka haɗa kowane aiki, za su yi muku bayani.

Da yardar Allah, na buɗe wannan baje koli.