Gamba, Hauzi da Takarda: Rigimar Gona a Ƙasar Kazaure



Duk wanda ya taɓa zama a zauren dagaci a Roni ko Gwiwa ya san lokacin da rigimar gona ke tashi: gab da faɗuwar damina, da an fara sharar gona. A nan ne mutum zai lura layin gambar da ke tsakaninsa da maƙwabcinsa ya matso. Garmar shanu ta ci kunya ɗaya bara, ta ƙara ɗaya bana, har ɗorawar da kakansa ke shan inuwarta ta koma gonar wani. Irin wannan, mai unguwa da dattawa biyu kan kashe ta kafin azahar. Wadda ke kai 'yan uwa gaban alƙali ita ce ta aro da jingina.

Doka uku ke hawa kan gona ɗaya a ƙasar nan. Akwai al'ada, wadda ta bai wa dagaci ikon yanka daji ga mai bukata. Akwai fiƙihun Malikiyya, wanda Shehu Abdullahi ɗan Fodiyo ya rubuta littafi guda a kansa game da mallakar ƙasa, Ta'alimur Radi. Sai dokar gwamnati, wadda ta faro daga shelar Turawa ta 1910, ta bi ta dokar Jihar Arewa ta 1962, ta tsaya a Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978. Ita ta ƙarshen ta damƙa ƙasar kowace jiha amana a hannun gwamna, ta bar wa ƙaramar hukuma ikon bayar da takardar mallaka ta gargajiya a karkara, har hekta 500 don noma, 5,000 don kiwo.

Manoma kaɗan ne ke da wannan takarda. Abin da sauran ke da shi shaidu ne, su kuwa shaidu mutuwa suke yi.

A ɗauki misalin mutumin Babura da ya tafi ci-rani Legas, ya bar gonarsa aro a hannun wani, ci-rani ya zama zama. Bayan shekara 20 'ya'yansa suka dawo neman gado, suka tarar mai aron ya rasu, 'ya'yansa kuma sun tashi sun ga ubansu na noma wurin, sun yi imani tasu ce. Babu maƙaryaci a cikinsu, abin da ya sa shari'ar ke da ciwo ke nan. Masu riƙe da gona za su kafa hujja da hauzi. A Malikiyya, in bare ya shekara 10 yana amfani da ƙasa kamar tasa, mai ita yana gari, yana gani, bai ce uffan ba, kuma babu abin da ya hana shi magana, to ba a sauraron da'awarsa. Tsakanin dangi wa'adin kan kai shekara 40, domin malamai sun san kunya na hana ɗan uwa tanka ɗan uwansa. Amma hauzi ba ya cin aro, ba ya cin jingina, ba ya cin amana, komai daɗewa. Sai dai mai cewa aro ne shi zai kawo shaidu, wanda ya musa kuma rantsuwa ce tasa. Rubutu layi biyar, ko da ajami, da sa hannun mai unguwa, ya isa ya raba wannan gardama tun ba a haifi masu yin ta ba. Mata su suka fi cutuwa a nan, don 'yar da aka aurar wani gari kan bar kasonta hannun yayyenta, ta yi kara, karar ta zama hujja a kanta.

A cikin garin Kazaure kuwa salon ya sauya. Gari na faɗaɗa, gonakin bakin gari na komawa fuloti, dillalai na sayar da wuri ɗaya ga mutum biyu. Da zarar gwamna ya ayyana yanki a matsayin birni, ikon bayar da takarda ya bar hannun ƙaramar hukuma. In kuma gwamnati ta karɓi gona don aikin jama'a, diyyar da dokar 1978 ta tanada ta amfanin gona ce da gini da abin da aka kashe wa wurin, ba kuɗin ƙasar kanta ba. Ya kamata a riƙa faɗa wa manoma wannan ƙarara kafin a kafa turaku.

Saura batun ɗaukaka ƙara, inda mutane da yawa ke asarar shekaru. Sashe na 277 na tsarin mulkin 1999 ya taƙaita hurumin Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'ar Musulunci ga aure, gado, wasiyya, kyauta, waƙafi da makamantansu. In rigimar rabon gado ce, hanyarta ke nan. In kuwa jayayya ce kan wane ne mai gona tsakanin mutum biyu da ba gado ya haɗa su ba, Babbar Kotun Jiha ce ke sauraro. Sau da dama manyan kotuna sun soke hukuncin da aka yanke a irin wannan ƙara saboda rashin hurumi, masu shari'a suka koma farko, gonar na hannun wanda take tun ranar da aka shigar da ƙara.