KABEJI BA YA JIRAN KOWA: JAWABI GA 'YAN LAMBUN ƘOFAR SAURI

Iyayena da yayyena 'yan lambu, na gaishe ku da aiki, na gaishe ku da sanyin asuba. Ni yaronku ne, ba zan koya maku riƙon fartanya ba. Amma kafin in shiga wannan hidima na yi aikin koyarwa, kuma akwai wani darasi da lambun makaranta ya koya mani, shi nake so in kawo maku yau.

Wata shekara muka nemi irin kayan lambu daga wani ofis, tun da kaka. Aka yi ta ce mana gobe, jibi. Bai iso ba sai cikin watan Fabrairu, kuma a ciki har da wani baƙon iri, kabejin ƙasar Sin. Shi ba dunƙulalle ba ne kamar namu, dogo ne, ganyensa da laushi kamar na latas, ƙashin ganyen fari fat. Yara suka yi fangali, suka shuka, suka yi ta jido ruwa safe da yamma. Ya fito gwanin sha'awa. Da zafi ya kankama sai ya ƙi naɗewa, bakin ganyen ya ƙone, gindin ya ruɓe yana wari. Ko kai ɗaya ba mu cira ba. Wallahi har yau ina tuna fuskar yaran nan.

To, laifin wa? Ƙasarmu ba ta yi laifi ba, yaran ma sun yi iyakar ƙoƙarinsu. Lokaci ne ya wuce mu.

Ku saurara ku ji dalili. Wannan kabeji ɗan sanyi ne, ya fi jin daɗi in ma'aunin zafi yana tsakanin 15 da 20. Mu kuwa nan Katsina, in bazara ta yi bazara, cikin Afrilu, har 40 yana kai wa. Ashe ke nan ƙofa ɗaya Allah ya buɗe mana, ita ce hunturu, Disamba da Janairu, lokacin da dare ke yin sanyi. Shi kuma wajen wata biyu zuwa biyu da rabi yake bukata daga shuka zuwa cira. Duk mai lissafi ya san abin da wannan ke nufi: iri ya shiga ƙasa daga ƙarshen Oktoba zuwa Nuwamba, domin naɗewarsa ta faɗo tsakiyar ɗari.

Sauran aikin kun fi ni saninsa, tuni ne kawai. A rene shi mako uku, a dasa da yamma tare da ƙasar saiwarsa, don ba ya son a taɓa masa saiwa. A bar wajen kamu ɗaya tsakanin gindi da gindi. Takin gida ya zama ruɓaɓɓe. Saiwarsa ba ta nisa, saboda haka ruwa kaɗan-kaɗan kullum ya fi ambaliya sau ɗaya, kuma kada ruwa ya kwana a fangali. A riƙa ɗaga ganye ana duba tsutsa da darɓa. Ruwan 'ya'yan bedi da aka daka aka jiƙa yana rage su. In kuwa za ku sayi iri, ku tambayi mai jure zafi. Akwai shi. Wata cibiyar binciken kayan lambu da aka kafa a Taiwan a 1971 ta yi shekaru tana aikin fitar da irinsa domin ƙasashe masu zafi kamar tamu. Amma fa kada kowa ya cika lambunsa da shi a shekarar farko. A gwada fangali biyu, a ga yadda kasuwa za ta karɓe shi.

Yanzu ga maganar da ta fi damuna, ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Da yawa daga cikin lambunan bayan ganuwa, daga nan Ƙofar Sauri zuwa Ƙofar Durɓi da Ƙofar Marusa, da ruwan da gari ya zubar ake ba su, wanda ke gangarawa Ginzo. Ba don kuna so ba ne, don shi kuka samu. Amma ganye irin wannan, da latas, ɗanye ake ci ko a ɗan yi masa sama-sama, kuma ƙazamin ruwa yana ɗauke da ƙwan tsutsar ciki da cutar taifot. Wa ke ci? 'Ya'yanmu. Wa ke tsayawa cikin ruwan nan yini guda? Ku ne.

Ba yau aka fara yi wa manomi alkawari ba. An yi shirin ciyar da ƙasa a 1976 zamanin Janar Obasanjo. An yi shirin bunƙasa noma a 1980 zamanin Alhaji Shehu Shagari. An gama madatsar ruwa ta Zobe, can wajen Dutsinma, a 1983, amma sai a 2021 aka yi bikin buɗe aikin ruwan sha daga cikinta. Wanda aka haifa shekarar da aka gama ta, ya yi 'ya'ya kafin ranar. Kun ga ashe abin da ya kashe kabejin makarantarmu, shi ne ke kashe manyan ayyukanmu, wato jinkiri.

Saboda haka, ga zaɓe ya matso. Duk wanda ya zo neman ƙuri'arku, ko daga ina ya fito, ko da ni ne na rako shi, ku zaunar da shi ku yi masa tambaya uku. Yaushe za mu sami ruwa mai tsabta, rijiya da injin ban ruwa? A wane wata iri da taki za su iso hannunmu, kuma ta hannun wa? In amfani ya yi yawa farashi ya karye, ina za mu kai shi? In ya ce "za a duba", ku ce ya faɗi wata. Ɗan lambu da wata yake aiki.

Ku kuma ku haɗa kanku ƙungiya, ku rubuta sunayenku da yawan fangulanku, domin murya ɗaya ba ta kai wa ofis. Ku adana katinku na zaɓe kamar yadda kuke adana iri. Ran zaɓe a yi ban ruwa da asuba, sannan a tafi layi.

Allah ya ba mu hunturu mai albarka, ya ba mu shugabanni masu cika alkawari a kan lokaci. Amin. Wassalamu alaikum.