Gaɓar Tekun Zumaya: Duwatsun da Suka Riƙe Tarihin Duniya



A arewacin ƙasar Sifen, a lardin Gifuzkowa na Baskawa, akwai garuruwa uku a bakin teku: Zumaya da Deba da Mutiriku. Tsakaninsu gaɓar teku ce mai tsawon kimanin kilomita 13, wadda duwatsunta suke jere falle bisa falle kamar takardun alƙali. A shekarar 2010 aka shigar da yankin cikin ƙungiyar gandayen duwatsu ta Turai, a 2015 kuma ya shiga sahun waɗanda hukumar UNESCO ta amince da su. Gandun duwatsu wuri ne da ake kiyayewa saboda abin da ƙasarsa ke koyarwa, alhali mutanensa suna nan suna noma da su da kiwo.

Asalin waɗannan duwatsu laka ce da yashi da ɓawon ƙananan halittu, waɗanda suka riƙa kwantawa a ƙarƙashin teku mai zurfi har tsawon shekara wajen miliyan 60. Daga baya ɓangaren ƙasar da Sifen take a kai ya matsa ya dunguri Turai, tsaunukan Firenis suka tashi, shimfiɗun nan suka miƙe tsaye. Igiyar ruwa kuwa ta yi ta zaizayar su. Saboda haka idan teku ya janye, mutum yana iya bin gaɓar da ƙafa, kowane taku yana ƙetare dubban shekaru. A wasu sassan, dutsen farar ƙasa mai tauri da dutsen laka mai laushi suna bin juna, kowane biyu daidai da shekara wajen 20,000, gwargwadon yadda sauyin alƙiblar da karkatar duniya take fuskanta yake juya yanayi.

Shimfiɗar da ta fi jawo masana wata siririyar laka ce mai duhu, wadda ta kwanta shekara miliyan 66 da suka wuce. A ƙarƙashinta ana samun ɓawon amonayit, wata halittar teku mai nannaɗaɗɗen ƙoƙo kamar na dodon-koɗi. A samanta babu ko ɗaya. Cikin lakar akwai iridiyum, ƙarfen da yake da ƙaranci a bayan ƙasa amma ya yawaita cikin duwatsun sararin samaniya. A 1980 Luis Alvarez da ɗansa Walter da abokan aikinsu suka bayyana cewa wani dutse mai faɗin kimanin kilomita 10 ne ya faɗo duniya. Daga baya aka gano ramin da ya bari a yankin Yukatan na Meziko. Ƙura ta rufe rana, tsirrai suka bushe, kusan kashi uku cikin huɗu na nau'o'in halittu suka ƙare, har da manyan dabbobin nan da ake kira dainoso.

Wannan labari ya shafi ƙasar Hausa. A wancan zamani wani reshen teku ya ratsa inda Sahara take yanzu, ya mamaye ƙasar Sakkwato da kudancin Nijar. A wajen Goronyo an tono ƙasusuwan wani babban ƙadangaren teku, wanda masanan Italiya suka raɗa wa suna Goronyosaurus a 1972. Farar ƙasar Kalambaina da ake yin siminti da ita, a cikin tekun da ya dawo bayan waccan halaka ta kwanta. Ke nan shimfiɗun Sakkwato sun tsaya gaba da bayan lokacin nan da ake zuwa gani a Zumaya.

Baskawa sun hana ɗibar duwatsu barkatai, sun horar da 'yan gari su zama jagorori, makarantu suna kai yara, masu jiragen ruwa da masu masauki suna samun abinci. A Afirka ma UNESCO ta amince da Mugun a Maroko da Ngorongoro-Lengai a Tanzaniya. Siminti buƙata ce, babu mai musu, amma shimfiɗar da aka niƙa ta tafi ke nan. Ya rage ga ma'aikatan ƙasa da safiyo su keɓe wuraren da suka fi daraja kafin a ba da izinin haƙa, ɗalibai kuma su je su auna su rubuta tun suna nan.