Sunan Shago a Amurka: Me Takardar Gunduma Take Ba Ka?

 

Wanda ya taɓa kasuwanci a Najeriya ƙofa ɗaya ya sani, wato hukumar CAC wadda dokar kamfanoni ta 1990 ta kafa. Ka yi rajistar suna kana Kano, ya yi maka aiki har Legas. A Amurka ba haka abin yake ba. Babu ofishin tarayya da ke rajistar sunan shago. Jihohi 50 ne, kowace da dokarta, a ƙarƙashinsu kuma akwai gundumomi sama da 3,000, kusan kowace da magatakardanta. Birnin New York kaɗai gunduma biyar ne. Mai shago a Bronx wurin magatakardan Bronx zai je. Ranar da ya buɗe reshe a Harlem ya shiga wata gundumar, sai sabuwar takarda.

A ce wata baiwar Allah ta buɗe gidan abinci, ta rubuta Alheri a allon ƙofa. Da sunanta na yanka ta rubuta, da ba ta da wata matsala. Amma tun da ta ɗauki sunan da ba nata ba, doka ta ce ta bayyana wace ce Alheri. Takardar da ake cikewa ita ce mutane ke kira DBA. A jihar New York sashe na 130 na dokar kasuwanci ne ya wajabta ta: suna, adireshin shago, sunan mai shi, sa hannu a gaban mai hatimin shaida, a miƙa wa magatakarda, a karɓo kwafi mai hatimi a kafe a inda kowa zai gani. Da wannan kwafin ne banki zai buɗe mata asusu. In babu shi, cekin da aka rubuta wa Alheri zai zauna a jakarta ba ta da inda za ta zuba shi.

Kalifoniya ta fi tsanani. Kwana 40 suke ba ka daga fara ciniki. Bayan ka miƙa takarda sai ka buga sanarwa a jaridar gundumar, sau ɗaya a mako har mako huɗu a jere, kuma bayan shekara biyar ka sabunta. Alhazanmu masu son rubuta "wane da 'ya'yansa" su lura: a can ko da sunanka na gaskiya ne a allon, muddin ka ƙara abin da ke nuna akwai wasu masu hannun jari, rajista ta hau kanka. A Texas kuwa takardar kan kai shekara goma.

To ga abin da na fi so ku tafi da shi. Wannan takarda ba don kai aka yi ta ba, don jama'a aka yi ta. Manufarta ita ce wanda ka ci bashinsa, ko wanda ya ci abincinka ya kwanta asibiti, ya san wanda zai kai ƙara. Shi ya sa hukuncin rashin yin ta ya zo daidai da laifin: a New York da Kalifoniya, idan ka ƙulla ciniki da sunan da ba ka yi wa rajista ba, kotu ba za ta saurari ƙararka kan cinikin ba sai ka gyara. Wanda ya ɓoye wa mutane kansa, kotu ma ba ta gane shi.

Kuskure na farko, mutane kan ɗauka da wannan takarda sun mallaki sunan. Ba su mallaka ba. Wani na iya buɗe Alheri a Brooklyn gobe, magatakardan Bronx ba ruwansa. Kare suna fannin alamar kasuwanci ne, ƙarƙashin dokar Lanham ta 1946, a ofishin tarayya na USPTO. A can ma wanda ya riga yin amfani da suna a kasuwa yana da ƙarfi a kan wanda ya zo daga baya, ko da na bayan yana riƙe da takardar gunduma. Kafin ka biya mai rubuta allo, bincika rumbun USPTO da na jiharka a intanet. Kyauta ne.

Kuskure na biyu ya fi ciwo. Takardar gunduma ba ta raba aljihunka da na shago. Bashin Alheri bashin mai ita ne, motarta da ajiyarta duk suna ciki. Idan wa da ƙane ne suka haɗa jari, mai bin bashi na iya kama ɗaya ya biya duka, ko da ɗayan ne ya ciyo. Mun saba da amana, kuma amana abu ne mai kyau, sai dai alƙali takarda yake dubawa.

Mai son katanga tsakanin dukiyarsa da ta sana'a sai ya bar gunduma ya nufi jiha, ya kafa kamfani irin wanda ake kira LLC. A New York ana yin wannan a ma'aikatar jiha da ke Albany, kuɗinsa dala 200. Daga nan kana da kwana 120 ka buga sanarwa mako shida a jere a jarida biyu, ta kullum da ta mako-mako, waɗanda magatakardan gundumarka zai zaɓa. A Manhattan kuɗin jaridun kan ninka na rajistar sau da yawa, kuma a ganina wannan sharaɗi ya tsufa, jaridu ya fi amfana. A Kalifoniya harajin dala 800 ne duk shekara, ko an ci riba ko ba a ci ba. Katangar ma tana rushewa idan kana biyan hayar gidanka daga asusun kamfani, ko ka sa hannu ka tsaya wa kamfanin a yarjejeniyar hayar shago.

Saura magana ɗaya ga masu shirin komawa gida. Al'adarmu ce a miƙa wa ƙane makulli a hau jirgi. Kafin ka yi haka, koma wurin magatakarda ka cike takardar janye sunanka, shi kuma ƙanen ya shigar da tasa. In ba haka ba, kana Kumasi ko Maraɗi, littafin gunduma yana nuna kai ne mai shagon, kuma da sunanka za a rubuta sammacin bashin da aka ci bayan tafiyarka.